Idan 'yarku ta ce hokin ƙanƙara take so a Faransa, ga yadda hanyar take

Wannan bayanin na iyayen da ke zaune a Faransa ne, musamman 'yan uwanmu na Nijar da suka fi yawa a can, waɗanda yarinya za ta dawo daga lakwal ta ce ita fa wasan nan na kan ƙanƙara take so. Kafin ku ce mata ke tafi can, ku san cewa hanya ce da wasu suka bi har ta kai su Kanada da Amurka da Olamfik, sai dai hanyar tana da tsarinta, kuma gaskiya rabinta karatu ne.

Abu na farko ku nemo filin ƙanƙara mafi kusa da ku, wato patinoire, don shi zai nuna ko maganar ma za ta yiwu. Ba kowane gari ke da shi ba. Yankin duwatsun Alpes su ne 'yan gata, Grenoble, Chamonix, Gap, Briançon, Chambéry, Villard-de-Lans duk garuruwan hoki ne tun da daɗewa, amma akwai kulob masu ƙarfi a Rouen da Amiens da Angers da Tours, sannan a kewayen Paris akwai Cergy da wasu. Idan filin ya fi tafiyar awa ɗaya daga gida toh ku zauna ku yi lissafi da kyau tun yanzu, saboda tirenin ba sau ɗaya ba ne a sati, ga wasa ranar Asabar ko Lahadi a wani gari, kuma wanda zai riƙa kai ta yana ɗauko ta cikin sanyin nan kai ne ko ke, ba kulob ba.

Rajista a watan Satumba ake yi lokacin da lakwal ke komawa. Mafi sauƙi ku je taron ƙungiyoyi da ofishin magajin gari ke shiryawa a farkon watan, ko ku je filin kai tsaye ku ce kuna so yarinya ta gwada. Za a yi mata lasin na hukumar hokin ƙanƙara ta ƙasa, FFHG, wadda ta tsaya da ƙafarta a 2006 bayan ta balle daga hukumar da ke kula da duk wasannin ƙanƙara. Ku tambayi kulob ɗin ko suna karɓar Pass'Sport, tallafin da gwamnati ke ba wasu iyalai don rage kuɗin rajista, in yarinyar ta cika sharaɗi.

Kar ku yi gaggawar sayen kaya. Dan Allah. Kayan hoki tsada ne da su, akwai hular kwano mai raga a fuska, kariyar wuya, ta kafaɗa da ƙirji, ta gwiwar hannu, safar hannu mai kauri, wando mai soso, kariyar ƙwauri, sanda, ga takalmin ƙanƙara wanda shi ne ya fi cin kuɗi, kuma yarinya 'yar shekara 6 kafin ku ankara ƙafa ta fi ƙarfin takalmin. Kulob da yawa suna ba sabbin shiga aron kaya ko haya a shekarar farko, kuma iyaye na sayar wa juna na hannu. Abin da ba a wasa da shi dai takalmin ya kama ƙafa daidai, kar a saya mata babba wai don ta girma a ciki, idon sawu zai riƙa karkacewa ta tsani wasan a banza. Ƙarfen ƙasan kuma ana wasa shi lokaci zuwa lokaci, a filin za ku samu mai yi. In ta ce gola za ta zama, toh ku shirya, kayan gola sun fi na kowa tsada, ku fara tambayar kulob ko suna da su.

Shekarar farko kusan duk koyon tafiya ce a kan ƙanƙara, faɗuwa da tashi, birki, juyawa, tafiya da baya. Kar ku damu in ba ku ga tana cin ƙwallo ba. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, wadda ta fara da shekara 5 ko 6 ƙafarta daban take da wadda ta fara a 13, duk da ita ma ta biyun za ta iya yin wasanta ta ji daɗi, kawai zancen tawagar ƙasa ne zai yi mata nisa.

Ku ma ku koyi wasan ko kaɗan ne don kar ku zauna a benci kuna rawar ɗari ba ku san me ake ba. Kowane ɓangare mutum 6 ne a fili har da gola, ana buga zango 3 na minti 20 kowanne kuma agogo na tsayawa duk sanda aka hura usur. Maimakon ƙwallo wani baƙin faifan roba ne mai tauri da bai wuce giram 170 ba. 'Yan wasa ba sa daɗewa a ciki, ƙasa da minti ɗaya sun fita wasu sun shigo ana cikin wasa, saboda gudun ba na wasa ba ne. Wadda ta yi laifi ana zaunar da ita minti 2 ƙungiyarta ta buga da gibin mutum ɗaya, kuma a nan ake yawan cin ƙwallaye. A dokar wasan mata ta duniya ba a yarda a bangaje mutum da gangan irin na maza ba, ko da yake gasar Suwidin ta fara yarda da wani ɓangare na hakan tun kakar 2022 zuwa 2023.

Yanzu ga abin da zai fi tsaya wa iyayenmu a rai. A Faransa 'yan mata masu hoki ba su da yawa, don haka a ƙananan rukunai tare da yara maza suke bugawa, wani sa'in ita kaɗai ce mace a ƙungiyar, kuma idan suka fara girma doka ta ba yarinya dama ta buga da rukunin da ke ƙasa da shekarunta don kar ƙarfin samari ya fi nata. Ku tambaya tun ranar farko ina ɗakin canza kayanta yake, haƙƙinku ne, ba wanda zai ga baƙinku. Ta fuskar sutura kam kayan hoki sun rufe jiki ruf daga kai har ƙafa. Maganar ɗankwali a ƙarƙashin hular kwano ku yi ta da kulob ƙarara, domin Faransa ƙasa ce da wannan batu ke da zafi a wasanni, a Olamfik na Paris 2024 ma gwamnati ta ce 'yan wasan da ke wakiltar ƙasar ba za su sa hijabi ba. Gara ku san matsayinku da wuri.

Idan yarinya ta yi fice, wajen shekara 14 zuwa 15 masu zaɓe na hukuma za su fara kiranta sansanin horo, daga nan sai maganar Pôle France ta mata, cibiyar da ake tara waɗanda suka fi iyawa suna tirenin kusan kullum suna kuma zuwa lise, wato babbar sakandare. A Chambéry aka fara ta, daga baya aka mayar da ita Cergy inda hukumar ke da hedikwata a filin Aren'Ice da aka buɗe a 2016. Daga nan ake shiga tawagar 'yan ƙasa da shekara 18 sannan babbar tawaga. Amma fa sai da takardar zama ɗan ƙasa, katin zama kawai ba ya isa. Yaron da aka haifa a Faransa iyayensa baƙi, ana iya nema masa tun yana shekara 13 in ya cika sharaɗin zama a ƙasar, kar ku bari sai koci ya kira sannan ku fara yawon ofis.

Toh daga shekara 18 fa? Nan ne labarin yake. Gasar mata ta cikin Faransa ba ta biyan albashin da mutum zai rayu da shi, ƙarfinta ma bai kai ya kai 'yar wasa matakin duniya ba, shi ya sa kusan duk manyan nasu sai da suka fita. Ku dubi Marion Allemoz, haifaffiyar Chambéry a 1989, wadda ta daɗe tana kyaftin ɗin ƙasa. Jami'ar Montréal ta tafi a Kanada ta buga wa Carabins, ƙungiyar jami'ar, suka ci kofin jami'o'in Kanada a 2013 da 2016, sannan ta shiga Canadiennes na Montréal ta ɗaga kofin Clarkson na gasar mata ta Kanada, CWHL, a 2017, daga baya ta koma Modo a Suwidin. Lore Baudrit wadda ta gaje ta a kyaftin, 'yar Castres ce can kudu inda ba wanda zai yi tunanin hoki, ita ma kusan layin nan ta bi, Montréal sannan Suwidin. Kwebek, lardin da Montréal take, na jan Faransawa ne don dalili mai sauƙi, harshe ɗaya ne, yarinya za ta shiga aji gobe ba sai ta koyi komai sabo ba.

Ɗaya hanyar ita ce ta Amurka, wadda Chloé Aurard 'yar Villard-de-Lans ta bi. Tun tana sakandare ta tafi Vermont Academy, daga nan jami'ar Northeastern a Boston inda ta yi shekaru tana buga layi ɗaya da Alina Müller ta Suwizalan, sai ƙungiyar New York ta zaɓe ta a 2023 lokacin da aka kafa gasar ƙwararru ta PWHL. Wannan hanyar ta fi maiƙo don jami'o'in na ba da tallafin karatu, amma sai da Turanci da sakamako mai kyau, koci zai so ta amma ofishin ɗaukar ɗalibai bak ɗinta, wato sakamakon jarrabawar gama lise, zai duba. A ganina in za ku matsa wa yarinya a kan abu ɗaya tana lise, ku matsa a kan Turanci da maki, wasan ita da kanta za ta matsa wa kanta. Ku kuma riƙa ajiye bidiyon wasanninta cikakku, ba guntayen inda ta ci ƙwallo kaɗai ba, koci na son ganin abin da take yi lokacin da faifan ba ya hannunta.

Wadda ba ta son tsallaka teku tana da Suwizalan da Finlan da Suwidin da Jamus. Estelle Duvin ta buga a Finlan sannan ta koma Suwizalan, Clara Rozier ta yi kulob ɗin HIFK a Helsinki, gola Caroline Baldin ta yi shekaru a Zurich. A irin waɗannan wurare da yawa daga 'yan wasan suna haɗawa da aiki ko karatu, don haka kafin a sa hannu a kwantaragi ku tambaya dalla dalla, gida wa zai biya, inshorar rauni fa, tikitin dawowa gida fa, kuma za su sake ta in tawagar ƙasa ta kira.

Maganar kuɗi kar ku sa rai irin na ƙwallon ƙafa. Gasar CWHL da Allemoz ta ci kofinta rushewa ta yi a 2019 saboda rashin kuɗi. PWHL da ta fara wasa a Janairun 2024 da ƙungiyoyi 6 ita ce ta zo da albashi tsayayye, mafi ƙanƙanta dala 35,000 a kakar farko, kuma gurbin kaɗan ne, 'yan Kanada da Amurka sun cika shi.

Ita tawagar ƙasa kuwa hawa da sauka take yi. A gasar duniya sun ci rukuni na biyu a Vaujany ta Faransa a 2018 suka hau babban rukuni a 2019 a Finlan suka sauko, suka sake ci a Angers a 2022 suka je Brampton a Kanada a 2023 suka sake saukowa. Olamfik kuwa tun 1998 a Nagano mata ke buga hoki amma Faransa ba ta samu shiga ba sai a Milano Cortina 2026 a Italiya, bayan an cire Rasha gurbi ya buɗe. Na 2030 a duwatsun Alpes na Faransa za a yi, wanda ke nufin 'yan matan da ke cibiyar Cergy da tawagar 'yan ƙasa da 18 a yanzu su ne za su yi ta kokawar shiga jerin. In taku ƙarama ce sosai, ku kai ta ta kalli wasan tawagar ƙasa ko na mata a kulob mafi kusa, jadawalin yana shafin FFHG, ku tafi da rigar sanyi mai kauri da safar hannu har ku manyan.