In ƴan gudun hijira sun sauka gidanka a Damagaram, ga ta inda za ka fara

Jama'a salamu alaikum. Wannan rubutun na masu gida ne, kai ko ke da wata rana za a buga muku ƙofa a ce ga ɗan uwa daga Diffa, ko ga ƙanwar matarka da yaranta daga wajen Katsina ko Zamfara, kuma ba ziyara suka zo ba, gudowa suka yi. Mu nan ba baƙon abu ba ne, duk wanda ya yi wayo a watan Fabrairun 2015 ya ga yadda motoci suka dinga sauke mutane a tasha bayan Boko Haram ta kai hari Bosso da Diffa, tafiyar kilomita sama da 400 wasu ko takalmi babu, kuma yawancinsu gidajen dangi da na abokan arziki suka shiga tun kafin wata ƙungiya ta zo da rajista. Abinci dai kowa ya san ya ba baƙo. Inda ake yin sake shi ne wajen takarda, shi ya sa nan zan fi daɗewa.

Daren farko babu wani dogon tsari. Ruwan sha, ruwan wanka, kunu ko fura mai ɗan ruwa-ruwa in sun kwana biyu ba su ci ba, kar a cika wa yara ciki da tuwo lokaci guda. Kuma don Allah a bar tambaya, su wa aka kashe, ina mijinki, yaya aka yi kuka tsira, duk a bari. Maƙwabta za su cika gida da sunan jaje kowa na son jin labari, aikinka ne ka tare su a zaure ka ce an gode baƙi sun kwanta.

Gari na wayewa ka kama hannun babban cikinsu ku je wurin mai unguwa. Kar ka ce ai ƴan uwana ne me ya kawo mai unguwa ciki. A yanayin tsaron da ake ciki, baƙon da ba a san da shi ba shi ake fara nuna wa yatsa in wani abu ya ɓace a unguwa, kuma kai da ka sauke shi kai za a kira komisariya. Tun farkon 2025 ma dokar shiga da zaman baƙi a ƙasar nan ta ƙara tsanani, to in baƙonka ba ɗan Nijar ba ne ka tambayi mai unguwa ya nuna maka yadda za a sanar da ƴan sanda, ka yi abinka a fili. Ka tafi da takarda ka rubuta sunan kowa, shekarunsa, garin da ya fito da ranar da ya baro, ka aje kwafi ɗaya a wurinka. Wannan ƴar takardar za ka sha mamakin sau nawa za a nemi abin da ke cikinta.

Sai ka gane wane irin baƙo ne gare ka, don ƙofar da za ku buga ta bambanta. In ya ƙetaro iyaka ne, ɗan Najeriya ko Sudan ko Cadi da yaƙi ko ƴan bindiga suka koro, wannan shi ne refijiye, kuma Nijar ta sa hannu a yarjejeniyar kare ƴan gudun hijira ta Janiba ta 1951 da ta ƙasashen Afirka ta 1969, ga dokarmu ta gida ta 1997. Abu biyu ka riƙe a ciki: ba a mayar da mutum dole inda ransa ke cikin hatsari, kuma shigowa ba fasfo ba laifi ba ne a kansa muddin ya kai kansa ga hukuma ba tare da jan lokaci ba. Wannan jan lokacin shi ke cutar mutane, sai a zauna wata shida a ɓoye don tsoro sannan a zo ana bayani. Mutane da yawa sun ɗauka HCR, hukumar ƴan gudun hijira ta Majalisar Ɗinkin Duniya, ke ba mutum matsayin ɗan gudun hijira, a'a, gwamnati ce, ta hannun hukumar tantance ƴan gudun hijira ta CNE da ke ƙarƙashin ministan cikin gida, HCR tallafa mata take yi. Saboda haka ka fara da ofishin eta-sibil na jiha, su ne masu kula da sha'anin baƙi da ƴan gudun hijira, su za su faɗa maka inda ake rajista a lokacin.

In kuwa ɗan Nijar ne da ya baro Bosso ko Tumur ko Ngigmi, bai ƙetare iyaka ba, deplase ne, ɗan ƙasa ne kamar kai, ba ya buƙatar izinin zama a Zinder. Akwai doka tasu ta watan Disamban 2018, Nijar ce ma ƙasar Afirka ta farko da ta yi cikakkiyar dokar gida a kan yarjejeniyar Kampala ta 2009 mai kare waɗanda aka raba da gidajensu cikin ƙasarsu, sai dai doka a takarda daban, buhun hatsi daban. Shi meri za ka kai shi, wadda unguwarku ke ƙarƙashinta cikin biyar ɗin birnin, a rubuta shi. Na uku su ne namu da aka koro daga Aljeriya, a zube su a hamada su taka kusan kilomita 15 zuwa Assamaka, daga nan a biyo da su Arlit da Agadas har gida. Ƴan Kance da Matamaye sun san wannan hanyar fiye da kowa, ba wanda ya manta mutum 92 da ƙishirwa ta kashe a 2013, yawancinsu mata da yara. Su OIM, hukumar ƙaura ta duniya, da ma'aikatar jin ƙai ta gwamnati suka fi kula da su.

Ranar rajista kowa ya je da ƙafarsa, har jariri, har tsohuwar da ba ta iya tafiya a ɗauko mata adaidaita. Ana ɗaukar hoto da zanen yatsu, wanda bai zo ba bai shiga lissafi ba, kuma da yawan mutanen da ke kan takarda ake auna taimako. Duk abin da suka tsira da shi a tafi da shi, katin zaɓe, katin asibiti, takardar makaranta ko da ta yage, in babu komai ma a je hakanan. Abin da na fi jan kunne a kai shi ne a faɗi gaskiya. Za ka samu masu ba da shawara a bakin layi, ka ƙara yara biyu, ka ce daga gari kaza kake an fi tausayinsu, ki ce mijinki ya mutu. Kar a yi. Na'ura ta riƙe yatsa, kuma za a sake yi musu tambayoyin nan wata rana, in magana ta saɓa dosiyen gaba ɗaya ke tsayawa, a rasa na gaskiyar saboda na ƙarya. A kula da yadda aka rubuta suna, in an sa Hadiza a nan kar gobe a sa Dije a can, in Mahamadu ne ya zauna Mahamadu ko'ina, ka sa a karanta musu kafin su bar tebur. Matar da ke da abin da ba za ta iya faɗa gaban namiji ba, irin abin da ƴan bindiga ke yi wa mata, tana da damar cewa mace take so ta saurare ta, ka faɗa mata wannan tun a gida, kuma kai kanka ka ba su wuri.

Takardar da aka ba su a yi mata fotokopi, a ɗau hotonta a waya, ta asalin a sa a leda a aje nesa da ruwa da gara. A duba ranar da za ta ƙare don a sabunta kafin lokacin. Neman taimako ba wannan takardar kamar zuwa rijiya ne ba guga.

Ba a biyan ko dala. Rajista kyauta, kati kyauta, shiga jerin masu karɓar abinci kyauta. Duk wanda ya zo da riga mai tambari ya ce a kawo jika biyar zai sa suna a porje, ko ya ce a tura masa ta waya zai fitar da su Kanada, ɓarawo ne. Maganar fita waje kuwa gara ka kashe musu wannan mafarkin da wuri cikin lallashi, a duk duniya waɗanda ake ɗauka a kai wata ƙasa ta uku ba su kai ɗaya cikin ɗari ba, kuma ba cike takarda ake yi a nema ba, zaɓa ake yi cikin masu larura mafi tsanani. Wanda kuma ya nemi mace da lalata don ya sa sunanta, a kai ƙararsa, ko waye shi.

Lafiya kar ta jira takarda. Cikin kwanakin farko a kai yara da masu ciki CSI, wato asibitin unguwa, mafi kusa. A tsarin ƙasar nan tun 2006 yaro ƙasa da shekara 5 da awon ciki kyauta ne, ko da yake ka riƙe ɗan canji don sau da yawa maganin babu sai ka saya a farmasi. A ce a auna damtsen yara, in zaren ya nuna ja, wato ƙasa da santimita 11 da rabi, tamowa ce mai tsanani kuma akwai abincin magani da ake bayarwa, na yaron ne shi kaɗai, ba na rabawa da yayyensa ba. A duba rigakafin ƙyanda, don ita ce ke fara bin gidan da mutane suka cunkushe. In damina ce gidan sauro kafin komai.

Wadda ta haihu a hanya ko bayan isowa, a yi wa jaririn takardar haihuwa cikin kwana 60, a matanite ko a meri, ko iyayen ba ƴan ƙasa ba ne yaron da aka haifa nan yana da haƙƙinta. In lokacin ya wuce sai an bi ta jastis, wahala da kuɗin mota da shaidu. Manyan yara marasa takarda a kasa kunne, akan yi zaman alƙalai na tafi-da-gidanka a yi wa mutane da yawa lokaci guda. Lakwal kuma ka je da kanka wurin direkta, kar ka aika uwar ita kaɗai, kuma kar a ce sai Oktoba in shekara ta riga ta fara. Yaron da ya fara boko da Turancin Ingilishi a Najeriya zai sha wuya da Faransanci, wataƙila a mayar da shi aji na baya, ba komai, ya fi ya zauna yana bin almajirai bara a Kasuwar Dole.

In an rabu da wani a wajen gudu, Kurwa Ruj ta Nijar na da aikin haɗa iyalai, a kai musu cikakken suna, sunan uwa da uba da inda aka ga mutumin na ƙarshe. Kar a watsa hotonsa da sunan ƙauyensu a Facebook ko gurup ɗin WhatsApp, ba ka san wa ke karantawa ba.

To sai zancen taimakon ƙasashen duniya, wanda nake so ka sa a ranka cewa ƙari ne in ya zo. Mutanen da aka raba da gidajensu a duniya sun haura miliyan 120 a 2024, mafi yawan waɗanda suka ƙetare iyaka kuma maƙwabtan ƙasashe ne ke riƙe da su, irinmu, ba masu kuɗin ba. A 2025 Amurka ta datse kuɗin agajin da take bayarwa, wasu ƙasashen Turai ma suka rage, su PAM mai rabon abinci da HCR suka shiga rage rabo da rufe ofisoshi. Abin da ya saura ya fi tafiya inda mutane ke tare wuri guda, sansanin Sayam Foraj a Diffa, ko garuruwan da aka tsugunar da ƴan Najeriya a jihar Maradi irin su Garin Kaka da Cadakori. Wanda ke ɗakin bayan gidanka a Garin Malam ko Zango ba kowa ke ganinsa ba. In nauyin ya fi ƙarfinka ka faɗa musu gaskiya akwai waɗancan wuraren, su zaɓa da kansu, ba kora ba ce.

In za su zauna, kafin sati biyu ku zauna ku yi magana, kunya ce ke ɓata irin wannan zaman. Tiya nawa ake ci a rana, wa zai sayi itace, tukunya ɗaya za a yi ko kowa tasa. Ruwa musamman, kun san halin garin nan in zafi ya yi, kuɗin bido kaɗai ya isa ya haɗa matan gida faɗa, to a raba tun ana dariya. Ka sanar da limamin unguwa don in an tashi fitar da zakka a tuna da su. Kuma ka tambayi mutumin me yake yi a garinsu, masu kamun kifi da noman tattasai na bakin Komadugu ba ragwaye ba ne, zama ne ke kashe su. In tela ne ka kai shi wurin mai keke biyu, in ta iya tuyar ƙosai a haɗa mata kasko da mai da wake na kwana uku, in manomi ne a nema masa aron gona wajen Mirya kafin ruwa ya sauka, amma a yi aron gaban mai gari da shaidu, a faɗi damina nawa ne da abin da mai gonar zai samu in an yi girbi.