Yadda Ake Ƙago Kyanwar Daji Mai Ratsa Zamani

Marubucin da ke zaune a Marwa ko Garwa ko Injamena, wanda yake son ya ƙago dabbar da za ta riƙa komawa zamanin da ya shuɗe a cikin labarinsa, ba ya bukatar aron dodon wata ƙasa, domin dajin da ke kewaye da shi da tarihin yankinsa sun ishe shi kayan aiki. Irin wannan kyanwa babu ita a duniya, saboda haka aikin marubuci shi ne ya ƙera ta yadda mai karatu zai amince da ita muddin yana cikin labarin.

A fara da jiki, kuma a ɗauko shi daga dabbobin gaskiya. A dazuzzuka irin na Waza da Zakuma akwai kyanwa mai dogayen ƙafafu da manyan kunnuwa da ɗigo-ɗigo a fata, wadda Turawa ke kira sarbal, mai jin motsin ɓera a cikin ciyawa tun ba ta gan shi ba. Akwai karakal, mai baƙin gashi a tsinin kunne, wadda ke tuma ta cafke tsuntsu a sama. Can cikin Sahara kuma akwai kyanwar rairayi, wadda gashi ya rufe tafin ƙafarta yana kare ta daga zafin yashi, har sawunta ma da kyar ake gane shi. Siffa biyu sun isa. Wanda ya kwashe duka ya zuba wa dabba ɗaya, abin tsoro zai haɗa, mai karatu kuma ba zai iya riƙe kamanninta a zuci ba. Ni dai zan ɗauki kunnen sarbal da tafin kyanwar rairayi, in sa mata suna Mai-taka-jiya, sunan da maharbi zai iya raɗawa.

Inda yawancin masu gwada wannan aiki suke tuntuɓe shi ne dokar tafiyar. Idan dabbar tana iya zuwa kowane zamani duk sa'ad da ta ga dama, to babu haɗarin da zai same ta, labarin kuwa ya mutu tun ba a yi nisa ba. Dole a ɗaure baiwar da sharaɗi, kuma sharaɗin da ya fi armashi shi ne wanda ya fito daga ƙasarmu. Kimanin shekara 7,000 da suka wuce, Tafkin Chadi ya haura murabba'in kilomita 300,000, kuma kwarin Bodele da ke arewacin Chadi yana ƙarƙashin ruwansa. Yau Bodele ya bushe ƙarƙaf, kuma wani kaso na ƙurar da iskar hunturu ke kwasowa daga can ragowar ƙananan halittun da suka rayu a wancan ruwa ne. Marubuci na iya cewa kyanwarsa tana shaƙar warin tsohon ruwa a cikin hazon hunturu, ta bi shi har ta faɗa zamanin da ruwan yake nan. Ke nan da damina ba ta da hanya, kuma ba ta sauka sai inda ruwa ya taɓa kwanciya. A ƙara mata hasara: duk ƙetarawa ɗaya, ɗigo ɗaya ya ɓace daga fatarta, ranar da suka ƙare ta maƙale a inda take.

Zamanin da za ta sauka kuwa ba a ƙaga shi. Bincike ake yi. Tana iya bayyana a bakin tafkin cikin shekarun 1960, lokacin da faɗinsa yake kusan murabba'in kilomita 25,000, ko a Kuseri, garin Kamaru da ke fuskantar Injamena, ranar 22 ga Afrilu 1900, ranar da Rabe, mayaƙin da ya ci Borno, da kwamandan Faransa Lamy suka mutu a yaƙi guda, wanda daga nan garin da ke ƙetaren kogi ya samu sunan Fort-Lamy har zuwa 1973 da aka mayar da shi Injamena. Mai son nisa sosai ya kai ta hamadar Jurab da ke arewacin Chadi, inda a 2001 aka tono ƙoƙon kan wata halitta mai kama da mutum da aka raɗa wa suna Tumai, mai shekara kusan miliyan 7.

Sai halinta. Kada a mayar da ita kyanwar Lami, ba cizo ba yakushi, wadda yaro zai rungume ta kai shi yawon buɗe ido. Ana yi wa damisa kirari da ƙi-sabo, kuma wannan hali ya kamata ta gada. Ba ta magana, ba ta san sunan Rabe ba, yunwa da tsoro ne ke korar ta daga wannan zamani zuwa wancan. Ma'anar tafiyar tana hannun mutumin da ya ci karo da ita, misali makiyayin da ya tarar da ita a tsakiyar busasshen fili jikinta sharkaf da ruwa, da ɗanyen kifi a bakinta, alhali rijiya mafi kusa tafiyar yini ce.

Idan an gama rubutu, a karanta wa yara shi da baki bayan sallar isha'i, kamar yadda ake tatsuniya, a kuma lura da tambayar da za su fara yi. In suka tambayi ɗigo nawa ya rage mata, dokar ta zauna. In kuwa suka ce me ya hana ta komawa ta gyara abin da ya ɓaci, sai a koma kan sharaɗin a ƙara ɗaure shi.