Kurakuran da Aka Fi Yi Wajen Sharhin Fina-finan Barkwancin Mashaya Wiwi na Amurka

Kuskuren da ya fi yawa shi ne ɗaukar cewa tabar wiwi ita ce abin dariyar. A yawancin waɗannan fina-finai, shaguɓen yana sauka ne a kan ɗan sanda mai cika baki, ko ubangida marar tausayi, ko mai wariyar launin fata, su kuwa abokai biyu sakarkaru da ke jan labarin hanya ce ta tona asirin waɗancan. Gyaran shi ne mai sharhi ya duba wanda ya ji kunya a ƙarshen kowace fitowa. Fim ɗin Harold da Kumar na 2004 ya sa ɗan asalin Koriya da ɗan asalin Indiya a gaba, domin ya caccaki yadda ake kallon 'ya'yan baƙi a Amurka.

Akwai kuma masu ganin yawan surutun da ke ciki a matsayin kasalar marubuci, alhali ƙarancin kuɗi ne ya haifi salon. Kevin Smith ya shirya Clerks, wanda ya fito a 1994, da dala 27,575, kuma da dare ya riƙa ɗaukarsa a cikin kantin da yake aiki a New Jersey bayan an tashi. Saboda kada mai kallo ya gane dare ne, sai ya sa a cikin labarin cewa an cusa cingam a kwaɗon marufin ƙarfen tagogin kantin, ya ƙi buɗuwa. Wanda ba shi da kuɗin kifar da mota dole ya dogara da hirar mutum biyu, don haka a auna fim ɗin da kaifin hirarsa.

Wasu suna lissafa Reefer Madness na 1936 a matsayin na farko. An yi shi ne don tsoratar da iyaye, sai a shekarun 1970 matasa suka mai da shi abin dariya. Ya fi dacewa a fara daga Up in Smoke na 1978, na Cheech Marin da Tommy Chong.

Wanda ya fi damuna shi ne mai sharhin da ke ɓoye wahalar da ke cikin labarin, musamman idan matasa yake rubuta wa. A Friday na 1995, dillali ya bai wa wani matashi mai suna Smokey wiwi ya sayar, ya shanye, aka ba shi wa'adin ƙarfe goma na dare ya kawo dala 200 ko a harbe shi tare da abokinsa. Dole wannan ya fito a sharhi kamar yadda rahar ta fito.