Daga bayan kyamara zuwa kujerar darakta: hanyar da Zhang Yimou ya bi

In kai mai ɗaukar hoto ne kuma ranka na raya maka wata rana kai ma ka ba da umarni, to ka tsaya ka duba yadda Zhang Yimou na ƙasar Sin ya yi, don wallahi akwai abin ɗauka.

Fara da hoto mara motsi tukuna. Shi mutumin nan a masaƙar auduga yake aiki a Xianyang, yana ɗaukar hotuna da 'yar kyamararsa, kuma su ne suka cece shi a 1978 da aka sake buɗe makarantar fim ta Beijing aka ce shekarunsa sun wuce, sai ya kai kukansa ma'aikatar al'adu da tarin hotunansa aka karɓe shi. Kai ma tara naka, ko da waya ce, ka zaɓi masu kyau ka ajiye wuri ɗaya.

Sannan kar ka yi gaggawa, yi wa wani aiki amma ka sa hannunka ya fito. Ya gama a 1982, aka tura shi kamfanin fim na Guangxi, ya riƙe wa ɗan ajinsu Chen Kaige kyamara a fim ɗin Yellow Earth na 1984. Nemi fim ɗin ka kalla ka riƙa tsayar da shi. Za ka ga ƙasa ta cinye kusan duk hoton, sama 'yar siririya can bisa, mutum kuma ɗan ƙiris a gefe, tun kafin kowa ya buɗe baki ka riga ka san wahalar wurin ta fi ƙarfinsu. Abin da za ka koya kenan, hoto ya faɗi labari da kansa.

Abin da yawancin masu kyamara ke tsallakewa shi ne sanin ɗan wasa, sun san haske sun san kusurwa amma ba su san me za su ce wa jarumar da ta kasa kuka ba. Zhang ya shiga gaban kyamara da kansa a fim ɗin Old Well na darakta Wu Tianming har ya ci kyautar gwarzon jarumi a bikin fina-finai na Tokyo a 1987. Karɓi ƙaramin rol ko sau ɗaya ne, ka ji yadda fitila ke dukan fuska ana jiranka.

Ranar da ka zama darakta kuma, don Allah saki kyamarar. Nan ne wuyar take, na sani. A fim ɗinsa na farko, Red Sorghum, wanda ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na Berlin a 1988, ya bar wa Gu Changwei ɗaukar hoto, shi kuma ya ji da labari da jaruma Gong Li da gonar dawar da sai da aka shuka musamman a Gaomi saboda fim ɗin. Nemo wanda ka yarda da idonsa, ku zauna ku tsara kala da haske tun kafin a fita lokeshan, in an fara ɗauka kai idonka na kan 'yan wasa.