Cikin mutum nawa? Kurakuran da aka fi yi wajen auna haɗarin cuta

Duk ɗalibin kiwon lafiyar al'umma da ya kawo min lissafin furojet ɗinsa, tambayar da nake fara yi masa ita ce: cikin mutum nawa? Wallahi yawancin matsalar daga nan take tasowa.

A ce kwalara ta kama mutum 300 a wani gari, a wani kuma 90, sai ka ji an ce na farkon ya fi shiga haɗari, alhali shi mutum miliyan ɗaya ne a ciki, na biyun ko dubu 50 ne kacal. Raba ka gani, 30 ne cikin kowane dubu 100 a na farko, na biyu kuwa 180. Ƙaramin garin ne ke cikin wuta.

Zazzaɓin Lassa ma haka ake masa, kuma wannan yana damuna sosai don tsoro yake sa wa mutane har su ƙi zuwa asibiti. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kusan kashi 80 cikin 100 na waɗanda suka kamu ba sa nuna alama ko kuma mai sauƙi ce, mutuwa a jimlace wajen kashi 1 ce, amma cikin waɗanda jiki ya yi tsanani aka kwantar tana kai 15 ko fiye. To in rijistar asibiti kaɗai ka ɗauka ka rubuta "duk wanda ya kamu", ka ƙirga masu tsanani ne ka bar sauran a gida. Gyaran ba wuya, ka faɗi ƙarara su wa ka ƙirga.

Sai kalmar "ya ninka". A 1995 an yi gargaɗi a Birtaniya cewa wasu sabbin ƙwayoyin tazarar haihuwa na ninka haɗarin daskarewar jini, mata da yawa suka tsorata suka daina sha, ashe daga 1 ne zuwa 2 cikin mata kusan 7,000. Dan Allah in za ka rubuta ninki ka haɗa da ainihin adadin.

Akwai kuma ɗora laifi kan wanda aka gani a wurin. Masu yawo da ashana a aljihu za su fi samun kansar huhu, amma ai ba ashanar ba ce, sigari ce ke bayan duka biyun. Ka ware masu shan taba daban, marasa sha daban, ka sake lissafi, alaƙar za ta ɓace.

Wanda ya fi kayar da ɗalibai shi ne karanta ods reshiyo kamar ninkin haɗari. Ods shi ne yawan waɗanda suka kamu bisa waɗanda ba su kamu ba, ods reshiyo kuma ka raba ods ɗin rukuni ɗaya da na ɗayan. A ce a gidan biki mutum 100 sun sha zoɓo 60 suka kwanta, 100 ba su sha ba 20 suka kwanta. Haɗari ya ninka sau 3 ke nan, amma ods zai ba ka 6, wato 60 bisa 40 a raba da 20 bisa 80. Sai cutar ba ta da yawa, kamar ƙasa da kashi 10, su biyun ke kusantar juna. In kana da yawan duk waɗanda suka halarci bikin, lissafa haɗarin kai tsaye kawai, ods ɗin ka bar shi sai binciken da ya fara da marasa lafiya ana waiwayar abin da suka ci.