Kurakuran da 'yan hawan dutse suka fi yi in an fita a ƙungiya

Yanzu kusan duk Asabar sai ka ga matasa sun cika bas daga Kawo ko Barnawa a garin Kaduna za a je hawan dutse, wasu Kufena a Zariya, wasu su nausa har Kagoro ko ruwan Matsirga kusa da Kafanchan. Abin sha'awa ne wallahi, sai dai yawancin wahalar da ake sha ba dutsen ke jawo ta ba, kowa ne ke yin gaban kansa, babu wani tsari da aka saba da shi.

A fara da lokacin tashi. An ce ƙarfe 6, sai 9 mota ke motsawa saboda wani bai gama wanka ba wani kuma ya ce "ga ni nan a hanya" alhali yana kan katifa, kafin a isa gindin dutse rana ta take, a Maris da Afrilu kuwa dutsen nan kamar kaskon suya yake. Ku tsayar da wuri ɗaya, lokaci ɗaya, bayan sallar asuba, duk fita. Wanda ya makara ya tari ta gaba.

Wanda ya fi ba ni tsoro shi ne rashin ƙirga mutane. Jama'a a riƙa ƙirgawa, a mota, a gindin dutse, a sama, da kuma kafin direba ya tada mota, kuma mutum ɗaya ne zai riƙe aikin ba wai kowa ya ɗauka ai wani ya ƙirga ba. Wanda ya san hanya shi ne a gaba ba mai wucewa, sannan a sa mai haƙuri a can baya wanda ba zai bar kowa a bayansa ba ko da masu tsayawa ɗaukar hoto ne. Kar a dogara da waya, sabis ɗaukewa yake a tsakanin duwatsu, usur ya fi, amma a yarda tun a ƙasa cewa busa uku na nufin akwai matsala.

Sai masu shiga gari su wuce kai tsaye ba sallama. Haba. Ku je ku gaida mai gari, ku nemi ɗan gari ya raka ku ku ba shi na goro, shi ya san inda ba a bi, kuma da yanayin tsaron nan a tambayi lafiyar hanya tun ana gobe tafiya, a gida ma a san inda kuka nufa.

Ruwa kuma lemon kwalba ba ya maye shi. Kowa da nasa, ƙungiya ta riƙe ruwan gishiri da sukari, lita 1 cokalin shayi 6 na sukari da rabin cokalin shayi na gishiri. Masu zuwa da silifas a duba ƙafarsu tun a tasha, da damina dutse santsi gare shi. In kuma tsautsayi ya sa maciji ya sari wani, ba tsagawa ba ɗaurewa tamau, a hana shi takawa a ɗauke shi sai asibiti.