Yadda ake haɗa IPTG da X-gal don tantance fari da shuɗi a ɗakin gwaji mai zafi

Duk wanda ya taɓa tsayawa a bakin marina ya ga yadda ake ciro zane daga ramin baba: yana fitowa kore-kore, iska na bugunsa yana rikiɗewa har ya koma shuɗi. A cikin ganyen baba akwai sinadari marar launi ɗaure da sukarin gulukos. Sai an tsinke wannan sukari, iska ta shiga, sannan shuɗin yake bayyana. Da irin wannan dabara sinadarin X-gal yake aiki a farantin Petri, wato farantin da ake renon bakteriya a cikinsa. Shi ma marar launi ne, ɗaure da sukarin galaktos. Idan bakteriya tana da enzayim, wato furotin mai tsinka sinadari, irin wanda ake kira beta-galaktosides, sai ta tsinke sukarin, abin da ya rage ya haɗu da iska ya zama wani ɗan'uwan baba wanda ba ya narkewa a ruwa, ya rina gungun bakteriyar shuɗi.

Abokin tafiyarsa shi ne IPTG, wanda shi ma daga galaktos aka ƙera shi. Bakteriyar E. coli ba ta ɓata ƙarfinta wajen yin wannan enzayim sai ta ji alamar sukarin madara a kusa. Akwai wani furotin da ke zaune a kan DNA kamar kwaɗo a ƙofa, kuma IPTG ya yi kama da mabuɗinsa. Abin da ya sa masu bincike suke son sa shi ne akwai farar wuta a mahaɗinsa, don haka enzayim ɗin ba ya iya tsinke shi: yana buɗe ƙofar, bakteriya ba ta cinye shi, yawansa ba ya raguwa har a gama gwaji. François Jacob da Jacques Monod ne suka bayyana wannan tsari a 1961 a Cibiyar Pasteur ta Faris, suka karɓi kyautar Nobel a 1965 tare da André Lwoff. Ɗalibanmu da ke wucewa ta reshen Cibiyar Pasteur na Garwa ya kamata su san wannan tarihi.

Amfanin abin a takaice: an ɗauko filasmid, wato ɗan zoben DNA, irin pUC19, an yanka shi a tsakiyar sashen da ake kira lacZ, wanda da shi bakteriya take haɗa enzayim ɗin, an cusa guntun DNA da ake so, sannan an shigar da filasmid ɗin cikin bakteriya. Wanda guntun ya shiga cikinsa ya lalata sashen, gungunsa zai fito fari. Wanda ya rufe kansa babu komai a ciki, zai fito shuɗi. Farin ake nema.

Littattafan da ke koyar da wannan aiki an rubuta su ne a ƙasashen da ɗaki yake digiri 22 kuma wuta ba ta ɗaukewa. Mu a Garwa da Marwa, a watan Maris da Afrilu zafi yana haura digiri 40. Haɗin kansa mai sauƙi ne, ajiya da zafi su ne suke kayar da mutane a nan, kuma a kansu zan fi daɗewa.

Ruwan IPTG

Da farko a ciro kwalbar garin daga firiza a ajiye ta a kan tebur, kada a buɗe sai ta bar sanyi. Wanda ya buɗe ta da sanyinta, musamman a damina, raɓa za ta sauka a cikin garin ya dunƙule, awo ya daina zama daidai. Garin da ya biyo jirgi zuwa Duwala, ya hau jirgin ƙasa zuwa Ngaundere, ya biyo mota har nan, bai kamata ya lalace saboda gaggawar minti ashirin ba.

Nauyin mol ɗaya na IPTG giram 238.3 ne. Don samun ruwa mai ƙarfin milimola 100, ana auna giram 0.238 a cikin mililita 10. A nan ina jan kunne: mu da muka yi karatu da Faransanci waƙafi muke sawa, mu rubuta 0,238, takardun Ingilishi kuma ɗigo suke sawa. Kafin a taɓa sikeli a duba wanne ne a gaban mutum. Idan sikelin ɗakin ba ya karanta lamba uku bayan ɗigo, gara a auna giram 2.38 a mililita 10, wato mola ɗaya, daga baya a ɗebi kashi ɗaya a haɗa da kashi tara na tataccen ruwa.

A zuba garin a mililita 8 na tataccen ruwa, a girgiza, nan da nan yake narkewa, sannan a cika zuwa 10. Ba a saka shi a tukunyar tururi mai kashe ƙwayoyin cuta. Tace shi ake yi da sirinji da matacin maikuromita 0.22, a cikin tsaftatacciyar kwalba, kusa da harshen wuta ko a ƙarƙashin rumfar iska idan akwai. A tura sirinjin a hankali, don matacin yana iya fashewa idan an matsa masa.

Sai rabawa, kuma wannan matakin ne na fi so a riƙe. Kada a bar mililita 10 a kwalba guda. A raba shi rabin mililita rabin mililita a ƙananan kwalaben roba masu murfi, a rubuta suna da ƙarfi da kwanan wata a kan murfi da gefe, a jera a firiza mai digiri 20 ƙasa da sifiri. Ranar aiki a ciro guda ɗaya tak. Ta haka idan guda ta gurɓata, sauran suna nan lafiya, kuma ba a yi ta narkarwa ana daskarewa ba.

Ruwan X-gal

Shi wannan ba ya narkewa a ruwa. Ana narkar da miligiram 200 a mililita 10 na DMF ko DMSO, waɗanda ruwan sinadarai ne na narkarwa, ya ba da miligiram 20 a kowace mililita. DMF guba ne, yana ratsa fata, yana taɓa hanta, don haka safar hannu dole ce, taga a buɗe ko rumfar iska a kunne, mai juna biyu kuma ta bar wa wani wannan mataki. Ni na fi son DMSO don ya fi sauƙin illa, sai dai shi ma yana ratsa fata ya ja abin da ke cikinsa, kuma yana daskarewa da zarar an sauka ƙasa da digiri 18 ko 19, don haka sai an jira shi ya narke ranar aiki. A yi amfani da kwalbar gilashi ko roba irin ta folifurofilin, domin DMF yana cin wasu robobin. Ba sai an tace ba, yana ma iya narkar da matacin.

Haske makiyin X-gal ne. A naɗe kowace kwalba da takardar alminiyom, a raba ƙanana kamar yadda aka yi wa IPTG, a kai firiza. Ruwan mai kyau garau yake. Wanda ya fara komawa ruwan hoda ya gama aiki, a zubar da shi cikin kwalbar sharar sinadarai.

Yanzu maganar wuta. Idan rani ya yi nisa ruwan madatsar Lagdo da ke ba mu lantarki ya ja, kowa ya san yadda dare yake wucewa babu wuta. A cika duk sararin da ya rage a firiza da gorunan ruwa daskararru, su ne za su riƙe sanyi sa'o'i da dama, kuma a hana kowa buɗewa muddin babu wuta. Akwai dabarar da na koya wurin wani dattijon ma'aikaci: a daskarar da ruwa a ƙaramin kofi, a ɗora ƙwandala a kan ƙanƙarar, a bar shi a kusurwa. Da safe idan an tarar ƙwandalar ta nutse, to firizar ta narke cikin dare ta sake daskarewa, ko da komai ya yi tauri a ido. IPTG yana iya jure irin wannan sau ɗaya ko biyu. X-gal da amfisilin, maganin kashe bakteriya da ake zubawa a faranti, su ne nake fara zargi.

Faranti

A lita ɗaya ta ruwa ana zuba giram 10 na tirifton, giram 5 na tsamen yis, giram 10 na gishiri da giram 15 na aga, garin da ke sa haɗin ya daskare, a dafa a tukunyar tururi a digiri 121 na minti 15 zuwa 20. Kada a ƙara gulukos, domin idan bakteriya ta samu shi ba ta kula sashen lacZ yadda ya kamata, shuɗin sai ya yi rauni. A bari ya huce zuwa wajen digiri 50, inda za a iya riƙe kwalbar a tafin hannu ba tare da an saki ba, sannan a zuba amfisilin maikurogiram 100 a kowace mililita, don bakteriyar da ta karɓi filasmid ce kaɗai ke jure shi. A zuba a faranti, a bari ya kama.

Ana iya zuba IPTG da X-gal a cikin agan tun yana ruwa, amma hakan yana cin kaya, mu kuwa ba mu da na zubarwa. Shafawa ta fi mana. A kan kowane faranti a ɗiga maikurolita 40 na X-gal da maikurolita 40 na IPTG mai milimola 100, a shafe da sandar gilashi har ko'ina ya samu, gefe da tsakiya. Inda shafar ba ta kai ba gungu zai fito fari ko da babu komai a cikinsa. A rufe, a sa a duhu rabin sa'a ya tsotse, don DMF mai ɗanye yana kashe bakteriya. A lokacin hunturu, da ƙura ke shigowa ta kowace kafa, a rufe tagogi yayin shafawa, a kashe fanka, a goge tebur da alkohol mai kashi 70, kada a bar faranti a buɗe ko na ɗan lokaci.

Irin bakteriyar ma abin dubawa ne. DH5α da JM109 da XL1-Blue su ne na wannan aiki. Biyun ƙarshe suna yin furotin ɗin nan mai rufe ƙofa da yawa, don haka ba sa yin shuɗin kirki sai da IPTG. BL21 kuwa ba ta wannan gwaji ba ce, tana da cikakken enzayim nata, komai zai fito shuɗi.

A shafa bakteriyar da aka cusa wa filasmid, a kife farantin, a kai akwatin ɗumi a digiri 37 na sa'a 16 zuwa 18. Ga inda ƙasarmu take shigowa: yawancin akwatunan nan dumamawa kawai suke yi, ba sa sanyayawa. Idan ɗaki ya kai digiri 41, akwatin ma 41 yake ko fiye, ko da an saita shi a 37. Abokan aikinmu na Ngaundere, da ke kan tudu, ba su cika fama da wannan ba. Mu a kwari sai mun kai akwatin ɗaki mai na'urar sanyi, mu sa ma'aunin zafi na daban a ciki, mu shafa farantin da yamma don ya kwana cikin sanyin dare.

Tare da farantin gwaji, dole a sa wasu guda biyu na shaida. Ɗaya da pUC19 da ba a yanka ba, wanda ya kamata ya fito shuɗi gaba ɗaya. Ɗaya da bakteriya marar filasmid, wanda bai kamata komai ya tsiro a kansa ba. Wata safiya wata ɗaliba ta tarye ni a ƙofa riƙe da faranti, fuskarta cike da murna, ta ce, "Malam, duba, duk farare ne, babu shuɗi ko ɗaya!" Na ce, "'Yata, ina farantin shaida?" Ta ce ta ga X-gal ya kusa ƙarewa, shi ya sa ba ta yi ba. Muka ware takardar alminiyom daga kwalbar, ruwan ya zama hoda. Da ba mu duba ba, da ta shafe mako biyu tana ciro DNA daga gungun da babu komai a cikinsu. Na ji mata ciwon abin ƙwarai, don tattali ta yi niyyar yi, kuma tun ranar ba na barin ɗalibi ya shafa faranti sai na ga na shaida a hannunsa.

Da safe, idan launin bai fito sosai ba, a sa farantin a firij sa'a biyu ko uku, shuɗin zai ƙara duhu. A ɗaga shi a gaban farar takarda a duba. Gungu mai fari fat, babba, wanda yake zaune shi kaɗai, shi za a ɗauka da tsinken da aka dafa. Ƙananan fararen ɗigo da suke kewaye babban gungu kamar 'yan tsaki, a bar su: babban ne ya karya amfisilin da ke gefensa suka samu wurin tsira, babu filasmid a cikinsu, kuma suna yawaita idan faranti ya wuce sa'a 18 ko maganin ya tsufa. Mai shuɗi-shuɗi marar ƙarfi kada a yi saurin watsar da shi idan guntun da aka cusa ƙarami ne, don wani lokaci ƙaramin guntu ba ya kashe enzayim ɗin gaba ɗaya.

A ɗauki farare biyar zuwa goma, kowanne a shuka shi a sabon faranti mai lamba, sannan a tabbatar guntun yana ciki ta hanyar PCR, wato gwajin ninka DNA, ko a ciro filasmid a yanka a gudanar a jel a ga girmansa, domin filasmid da ya rasa ɗan gefensa wajen yanka shi ma fari yake fitowa. Farantan da aka gama da su, da tsinkaye da bakin fifet, duk a tara a jaka a dafa a tukunyar tururi minti 30 kafin su bar ɗakin, saboda bakteriyar da ke cikinsu tana ɗauke da juriyar amfisilin.